Me ya sa tsohuwar lasifika ta fi daɗi a kunne?

Ɗan Gado, Zariya

Assalamu alaikum. Ina neman haske daga waɗanda suka san harkar kayan sauti, musamman dattawan da suka yi zamani da garmaho da faifai.

Bayan rasuwar mahaifinmu, da muka zo fitar da kayan ɗakinsa, sai muka tarar da manyan lasifikoki biyu a ƙuryar sito, an lulluɓe su da tsohuwar darduma, ga amfilifaya a gefe da tarin faya-fayai. Mahaifiyarmu ta ce a Kaduna ya sayo su a shekarar 1975, lokacin da aka biya ma'aikata kuɗin Udoji, kuma su ya fara kawowa gida tun kafin ya yi maganar babur. Ƙirar Japan ce. Kowane akwati ya wuce gwiwa sosai, da ƙyar mutum ɗaya yake ɗaga shi, kuma idan aka cire ƙyallen gaba akwai babbar sifika mai faɗin inci 12, da matsakaiciya, da ƙarama a sama. Babu wanda ya nuna sha'awarsu cikin 'yan'uwana, don haka aka bar mini.

Na kai amfilifayar aka duba ta, na dawo na jona ɗaya daga cikin lasifikokin, domin ɗayar soson da ke kewaye da babbar sifikarta ya rududduge, ana taɓa shi yake zubewa kamar garin kuka. Na sa wani tsohon kiɗan kukuma da kalangu daga wayata, daga baya na sa ƙira'a. Abin da na ji ya tsayar da ni. Muryar mai karatun ta fito da kauri da nauyi kamar yana zaune a kan tabarma a tsakiyar falon, kalangun kuma ina jin fatarsa da saukar makaɗi a kanta, alhali ban ƙure murya ba. Doguwar sifikar zamani da ke ƙarƙashin talabijin ɗina, wadda na saya da tsada bara, ba ta taɓa ba ni wannan ba.

Abin da nake son sani shi ne, shin da gaske kayan da sun fi na yanzu daɗin sauti, ko kuwa kewar mahaifina ce ta shiga kunnena? Idan da gaske ne, mene ne sirrin? Sannan gyaransu zai biya kuɗin sabulu, ko in sallama wa wani mai sayen tsofaffin kaya da ya riga ya taya? Uwargida dai ta ce sun cinye mata falo.

Tsohon Injiniya, Kaduna

Wa alaikumus salam, ɗana. Allah ya jiƙan mahaifinka, ya kai haske kabarinsa. Na yi shekaru masu yawa ina aikin injiniya a gidan rediyo kafin in yi ritaya, kuma ina tabbatar maka kunnenka bai yaudare ka ba, ko da yake kewa ma tana da nata rabon.

Sauti iska ce da ake turawa, kuma amo mai kauri, irin na babbar ganga ko ƙasan muryar namiji, yana bukatar a tura iska mai yawa. Faɗin fuskar sifika mai inci 12 ya ninka na mai inci 3 sau goma sha shida, saboda haka idan ƙaramar tana so ta fitar da wannan amon da ƙarfi ɗaya, dole takardarta, wato fuskar da ke tura iskar, ta yi kai da komowa mai nisan da ya ninka na babbar sau goma sha shida. Ba za ta iya ba, sai masu ƙira su sa mata lissafin kwamfuta da ke kumbura amon ƙasa idan murya tana ƙasa, ya kuma danne shi idan ka ƙara, don kada ta fashe. Taka kuwa ko motsin kirki ba ta yi ba ta cika ɗaki. Wannan rashin wahalar shi ne kake ji a matsayin nutsuwa.

Akwai kuma tarihi a bayan girman. A shekarun 1940 da farkon 1950 amfilifayoyi na kwalba ne, wato masu aiki da wasu ƙwayaye na gilashi, yawancinsu ƙarfinsu bai wuce 'yan wat kaɗan ba, don haka lasifika ce take ɗaukar nauyin. Paul Klipsch ya fara ƙera Klipschorn a garin Hope na jihar Arkansas a 1946, akwati ne mai siffar ƙaho da ake kafawa a kusurwar ɗaki, bangon ɗakin ma ya zama wani ɓangare na ƙahon, kuma da wat ɗaya tak yana ba da fiye da desibel 100, wato ma'aunin ƙarfin sauti, a nisan mita ɗaya. Yawancin ƙananan lasifikokin yau ba su wuce tamanin da 'yan kai ba. Ka riƙe cewa kowane ƙarin desibel 3 yana nufin ninka ƙarfin amfilifaya biyu, desibel 10 kuma ninki goma, sai ka ga cewa ratar desibel 20 ninki ɗari ce. Wanda ya taɓa jin bugun ganga ta irin wannan ƙahon ba ya mantawa, domin bugun yana zuwa ne farat ɗaya, babu jan ƙafa.

Wanda ya sauya wasan shi ne Edgar Villchur, wanda ya kafa kamfanin Acoustic Research, wato AR, tare da Henry Kloss a Cambridge ta jihar Massachusetts a 1954. Dabararsa ita ce a rufe akwati ruf, a sassauta abin da ke riƙe da takardar, a bar iskar da ke kulle a ciki ta riƙa mayar da ita mazauninta. Da wannan ƙaramin akwati ya iya fitar da amon ƙasa mai zurfi da tsabta, aka samu AR-1, sannan AR-3 a 1958, sannan AR-3a a 1967, har kamfanin ya riƙe kusan kashi ɗaya cikin uku na kasuwar lasifika a Amurka a tsakiyar shekarun 1960. Amma ba a samu wannan a banza ba, domin irin waɗannan akwatuna mayunwata ne, sai da amfilifaya mai ƙarfi. Josef Anton Hofmann, ɗaya daga cikin ukun da suka kafa kamfanin lasifika na KLH a 1957, da sunansa ake kiran ƙa'idar da har gobe ba ta karye ba: ƙaramin akwati, da amon ƙasa mai zurfi, da wadatuwa da ƙaramin ƙarfi, biyu kawai za ka samu cikin ukun. Mutanen da sun yarda su ba akwati fili a falo. Mutanen yanzu sun hana shi fili, kamar yadda uwargidanka take shirin yi, sai suka biya ta wani wajen.

Kada kuma ka ɗauka cewa tsofaffin lasifikoki murya ɗaya gare su. Na AR da KLH da Advent, wato na gabashin Amurka, suna da sanyin hali, saman sautinsu a lafe yake. Na JBL da Altec daga Kalifoniya, waɗanda asalinsu gidajen silima ne da ɗakunan ɗaukar waƙa, suna turo sauti gaba da zafi. JBL L100 ta 1970, mai soson gaba ruwan lemo, ƙanwar 4310 ce ta sutudiyo da aka yi wa ado don falo. A Ingila kuwa hankalinsu yana kan muryar ɗan Adam. Tannoy ta fito da dabarar sa ƙaramar sifika a tsakiyar babbar tun 1947, don dukkan sautin ya taso daga wuri ɗaya. Gilbert Briggs na Wharfedale har yashi yake zubawa tsakanin katakai biyu don kada jikin akwati ya yi nasa kiɗan. Injiniyoyin BBC kuma suka tsara LS3/5A, wadda ta fito a 1975, 'yar ƙarama mai sifikokin KEF, don motocin ɗaukar shirye-shirye inda babu fili, aka ba kamfanoni irin su Rogers da Spendor da Harbeth lasisin ƙera ta bisa sharaɗin kowace ta yi daidai da 'yar'uwarta. Ba ta da amon ƙasa na a zo a gani, kuma tana cin ƙarfi, amma idan mutum yana magana a cikinta sai ka waiga. Ni a wurina nan ne ainihin daɗin yake. Injiniyan wancan zamani yana jin muryar mai gabatarwa a zahiri ta ƙofar sutudiyo, sannan ya ji ta a lasifika, ya kwatanta. Kunnen Bahaushe kuwa, da ya tashi da rediyo da ƙira'a da waƙar baka, murya yake fara aunawa kafin komai.

Kada ka sayar.

Mai Sutudiyo, Kano

Baba Injiniya, a gafarce ni, na san an ce abin da babba ya hango yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba, kuma ban musa ko ɗaya daga cikin lissafinku ba. Amma ina ganin Malam Ɗan Gado zai tashi daga nan da fahimtar cewa duk tsohuwar lasifika zinariya ce, kuma masu sayar da kayan gwanjo suna jiran mai irin wannan fahimtar.

Da farko kwatancen da ya yi ba na adalci ba ne. Ya ɗauki akwatin da mahaifinsa ya zuba wa wani babban kaso na kuɗin Udoji, ya gwada shi da sandar da aka ƙera don ta ɓuya a ƙarƙashin talabijin. Idan ana son gaskiya, a kawo lasifikar yau mai girma ɗaya da daraja ɗaya, a daidaita ƙarfin muryarsu da mita, domin kunne yana zaɓar wadda ta ɗan fi ƙara ko da ratar ba ta kai a lura da ita ba, sannan a sa labule. Floyd Toole ya yi shekaru yana irin wannan gwaji a cibiyar binciken kimiyya ta ƙasar Kanada, daga baya a kamfanin Harman, kuma abin da ya yi ta fitowa shi ne, idan mutane ba sa ganin akwatin, sun fi son wadda ba ta ƙara komai ba ta rage komai, idan kuma suna gani, girman akwati da kyan katako da sunan kamfani suna sauya hukuncinsu. Malam ba akwati kawai yake gani ba, mahaifinsa yake gani.

Na biyu, wani ɓangare na abin da ake kira ɗumi ko taushi a tsofaffin kaya, tsufa ne kawai. A cikin akwatin akwai 'yar da'irar da ke raba sauti, ta aika kauri ga babbar sifika, siriri ga ƙarama. Kafasitocin da ke cikinta, wato 'yan ƙananan kayan wuta da ke tace sautin, suna sauya ƙima bayan shekaru arba'in ko hamsin, maɓallan daidaita sauti na bayan akwati suna yin tsatsa, sai ƙaramar sifikar ta yi rauni ko ta yi shiru gaba ɗaya. Sautin da aka yanke wa sama yana da daɗi a kunnen da ya gaji da ƙarar wayoyi, kuma yana rufa wa tsohon ɗauka asiri, yana ɓoye shuu ɗin kaset. Amma wanda ya ƙera akwatin ba haka ya nufa ba. Na sha ganin wanda aka gyara wa lasifika ta koma yadda ta fito daga kamfani, ya ce an ɓata masa ita.

Sannan ilimi ya ci gaba. Neville Thiele a Ostareliya ya wallafa lissafin daidaita sifika da akwatinta a 1961, Richard Small ya faɗaɗa shi a farkon shekarun 1970, kuma kafin wannan lissafi ya bazu, da yawa daga masu ƙira gwaji da kunne ne jagoransu. Wasu sun dace, wasu ba su dace ba. A shekarun 1970 an cika kasuwa da manyan akwatuna marasa kauri, masu sifikoki biyar ko shida a jere don su burge ido a kanti, waɗanda amon ƙasansu bum-bum ne kawai a kan sauti ɗaya. Waɗanda ake yabo a yau su ne 'yan kaɗan da suka cancanci a ajiye su, sauran gara da bola sun daɗe da gamawa da su, shi ya sa zamanin yake kama da na gwanaye zalla. Ko tsufa da suna ba sa nufin daɗi: Yamaha NS-10M ta 1978, mai farar takarda, ta cika sutudiyoyin duniya ne don tana tona aibin haɗin waƙa, har wasu suna rufe ƙaramar sifikarta da takardar goge hannu don kaifinta.

Abin da ya fi ba ni sha'awa shi ne kamfanonin da kansu sun gane inda daɗin yake. JBL ta dawo da L100 a 2018, Wharfedale ta dawo da Linton a 2019, da faɗin fuska da katako irin na da, amma kayan ciki da lissafin na yau ne. Wato girman akwatin da Baba ya bayyana shi ne gaskiyar maganar, shekarun ba su ne ba.

Mai Gyara, Sabon Gari

Alhaji Ɗan Gado, malamai sun yi bayanin ilimi, ni kuma bari in faɗi abin da hannu ya sani, domin shekara da shekaru ina buɗe irin waɗannan akwatuna.

Ka daina kunna wadda kake kunnawa tun yau. Soson da ke kewaye da takardar tare aka sa su, tare suka tsufa, idan na ɗaya ya zube na ɗayar ma yana kan hanya ko da ido bai nuna ba. Wannan zoben yana taimakawa wajen riƙe kwayil, wato naɗin wayar da ke motsa takardar, a tsakiyar ramin maganaɗisu, ramin kuwa ƙunci gare shi ƙwarai. Idan zoben ya saki, kwayil zai riƙa gogar ƙarfe har rufin wayarsa ya kankare, daga nan gyaran da zai ci kuɗi kaɗan ya koma babban aiki. Irin wannan soso ko a ƙasashen sanyi da wuya ya wuce shekara ashirin, balle a zafinmu. Waɗanda aka yi musu zobe da ƙyalle mai danƙo su ne suke kaiwa yau lafiya.

Kafin ka kai wa kowa, ga abin da za ka iya da kanka. Ka buɗe yatsunka a kewayen tsakiyar takardar, ka tura a hankali daidai wa daida, ka saurara. Idan ta shiga ta fito shiru, kwayil lafiya yake, idan ka ji ƙarar gogayya, akwai magana. Ka sa mita a kan wayoyin baya: lasifikar da aka rubuta wa om 8, wato ma'aunin turjiyarta ga wuta, za ta nuna wajen 6 ko kusa da haka, wannan daidai ne, ba lalacewa ba ce. Ka ɗauki batirin tocila mai bolt ɗaya da rabi ka taɓa wa babbar sifikar na ɗan lokaci, za ka ga takardar ta motsa, idan kan batirin yana kan jar waya gaba za ta yi. Ƙaramar ta sama kuwa kada ka gwada ta da batir, ka kara kunnenka kawai da murya ƙasa-ƙasa ka ji ko tana aiki.

Babban gargaɗina shi ne kada ka bari a yi maka naɗin sabon kwayil idan na asalin bai ƙone ba, kuma kada ka yarda a cire sifikar a sa maka ta mota ko ta masu kiɗan biki don wai ta fi wat. Da yawa cikin abokan sana'armu aikin lasifikar masallaci da ta taro suka saba, inda ƙara ake nema, kuma a can naɗi ba laifi ba ne. A nan kuwa nauyin takardar, da kaurin wayar, da yawan zagayenta, da laushin zoben, duk an auna su ne da girman wannan akwatin. Na taɓa karɓar wasu da aka kai wani wuri aka liƙa musu robar tayar babur da gam mai ƙarfi a madadin soso, takardar ta sandare, amon ƙasa ya tafi, garin neman gira aka rasa ido. Zoben soso na inci 12 ana samunsa, kuma gam ɗinsa fari ne mai laushi wanda ba ya bushewa nan take, don a samu damar daidaita tsakiya. A canza na duka biyun rana ɗaya.

Kafasitoci kuma a canza su da masu ƙima ɗaya da abin da aka rubuta a jikinsu, irin waɗanda ba su da kai da gindi, a ajiye maka tsofaffin a leda. Maɓallan baya a wanke su, sau da yawa ƙaramar sifikar da aka ce ta mutu tsatsar maɓalli ce kawai. Ka duba ƙasan akwatin da kyau saboda gara da laimar damina, domin yawancinsu garin katako ne da aka matse aka yi wa fuska, idan ya sha ruwa kumbura yake yi kamar burodi. Idan akwatin rufaffe ne, duk wata kafa da iska ke fita a toshe ta. Audugar da ke ciki kada a zubar, aiki take yi, sai dai a sa safar hannu don wata tana ƙaiƙayi.

Idan an gama, ka sani ƙaramar amfilifaya da aka ƙure ta fi babba kashe sifika, domin idan ta gaza sai ta riƙa aika gurɓataccen sauti da ke ƙona ƙaramar ta sama. Kuma amfilifayar shekara hamsin ba a jona ta kai tsaye da wutar janareto, a sa mata sitabilaiza, a kuma duba bayanta a tabbatar an saita ta a kan wutarmu ba ta Japan ko ta Amurka ba.

Hajiya Malama, Damagaram

Ni ba masaniyar waya da kwayil ba ce, amma na ga duk kun yi maganar akwati, ba wanda ya yi maganar ɗaki, kuma ba wanda ya tsaya wa matar gidan.

A gidanmu akwai irin waɗannan, kuma na tuna falon da suke ciki: darduma mai kauri daga bango zuwa bango, kujeru masu auduga, labule mai nauyi, rufin sili na katako. Da ƙanena ya ɗauke su ya kai sabon gidansa mai tayil da gilashi da bangon siminti tsirara, sai muryar da muka sani ta watse, ta koma amsa-kuwwa kamar a cikin rijiya, har ya yi zaton sun lalace a hanya. Shimfiɗa darduma da rataya labule ne suka dawo da ita. Saboda haka ina ganin rabin abin da muke tunawa na sautin da, ɗakunan da ne. Har da yadda ake sauraro: mahaifinmu idan ya ɗora faifai zama yake yi, a yi shiru, sai fuska ɗaya ta ƙare ya tashi ya juya. Yanzu muna kunna abu muna wanke-wanke muna amsa waya, sannan mu ce ba ya shiga jiki.

Malam Ɗan Gado, game da uwargida, ƙorafinta yana kan hanya, domin ita ce mai sharar ƙurar hunturu a bayansu. Ka sa kafinta ya goge katakon ya shafa masa mai, a wanke ƙyallen gaba ko a sake shi da wanda ya dace da labulenta, a yi musu 'yan ƙafafu su tashi daga ƙasa saboda ruwan goge-goge. Kuma ka fara sa mata abin da ita take so ta ji, ba abin da kai kake so ba.

Tsohon Injiniya, Kaduna

Hajiya ta faɗi abin da ya kamata in fara da shi, na gode. Ɗana Mai Sutudiyo kuma, ban ga abin gafara ba, ka yi gaskiya a kan kafasita da kuma tarkacen da aka manta da su, na ga irinsu da yawa a kantuna a lokacin. Inda ban bi ka ba shi ne batun labule. Gwajin yana gaya mana abin da yawancin mutane za su zaɓa a ɗakin gwaji, kuma yana da amfani ga mai ƙira. Amma wannan bawan Allah ba kanti zai buɗe ba, a falonsa zai zauna ido buɗe, kuma ba zan ce masa ya cire mahaifinsa daga lissafin ba.

Tun da masu sayen tsofaffin kaya sun fara zagayarsa, bari in ƙara abu ɗaya da za su iya ruɗa shi da shi. Zai ji ana cewa maganaɗisun alniko, wato haɗin alminiyom da nikel da kobalt, shi ne sirrin sautin da. Gaskiyar tarihin ita ce yawancin kobalt na duniya daga Zayar yake fitowa a lokacin, kuma da yaƙi ya kai garin Kolwezi na lardin Shaba a 1978 farashinsa ya yi tashin gwauron zabo, sai kamfanoni suka koma maganaɗisun ferait mai araha. Alniko yana da kyawawan halaye, amma yana iya rage ƙarfi idan an azabtar da sifikar, kuma an yi lasifikoki na ƙwarai da ferait kafin wannan shekara da bayanta. Yana ƙara wa kaya kuɗi a wurin masu tarawa fiye da yadda yake ƙara musu daɗi.

Haka kuma idan sha'awar ta kama ka har ka fara karance-karance, za ka ci karo da Quad ESL ta Peter Walker ta 1957, wadda ba ta da takarda ko maganaɗisu, siririyar leda ce tsakanin faranti biyu masu ɗauke da wutar lantarki mai yawan bolt. Ban taɓa jin abin da ya kai ta tsabtar murya ba. Sai dai dole a jona ta da wutar gida, kuma wutar da ke jikinta tana janyo ƙura, ga laima tana damunta. Da hunturunmu da damina da halin wutarmu, ka bar ta a hoto.

Ɗan Gado, Zariya

Na gode ƙwarai, Allah ya saka wa kowa da alheri. Na yi gwajin da Mai Gyara ya ce. Babu ƙarar gogayya a ko ɗaya, mita ta nuna 6.2 a ɗaya, 6.4 a ɗayar. Amma da na kara kunne a kan wadda na yi ta yabo, sai na tarar ƙaramar sifikarta ta sama ba ta fitar da komai, sai da na murɗa maɓallin baya sau da yawa ta fara tsatsa-tsatsa tana dawowa. Ke nan duk abin da na ji ranar nan babu ita na ji shi, Mai Sutudiyo ya ci wannan. Da ta dawo, kukumar ta fito da wani kaifi da ban ji a baya ba, ban kuma yanke hukuncin ko na fi son hakan ba tukuna. Nauyin muryar dai yana nan.

Na cire wayoyin kamar yadda aka ce, na kuma gaya wa mai tayin ya haƙura. Ƙasan akwati ɗaya ya ɗan kumbura a kusurwa, faɗin tafin hannu, amma babu alamar gara. Mai Gyara, wannan kumburin kafinta zai iya yanke shi ya cike, ko sai an sake katakon ƙasan gaba ɗaya? Kuma zoben soson, faɗin takardar zan auna ko faɗin ƙarfen da ke riƙe da ita?